Galahanga, ɗan ruwa ko otizim: abin da na fahimta a littattafan Dakta Lorna Wing

Yaron Addata shekararsa bakwai yanzu, kuma sunayen da aka laƙaba masa a shekara bakwai ɗin nan sai na zauna kafin in iya ƙirgawa. Da farko kurma aka ce, don zaka tsaya a bayansa kayi ta kwaɗa masa kira ko waiwayowa ba zai yi ba, amma a buɗe ledar biskit a ɗaki yana can bakin zaure sai ka ganshi ya sheƙo da gudu, toh wane irin kurma ne wannan. Da maganar kurumta ta faɗi sai aka koma iska, wata tsohuwa a unguwarmu nan cikin Gombe tace ɗan ruwa ne, masu ɗan boko kuma sukace galahanga. Sai da ya kusa shekara huɗu kafin wata likitar yara ta zaunar da Adda tace mata abin da ke tare da shi sunansa otizim, kuma ba ita ta jawo masa ba. Adda tace min ba sunan larurar ne ya sa ta kuka a ofishin ba, wannan maganar ta ƙarshe ce, don shekara biyu tayi tana jin cewa fitar da take yi da magariba da ciki ne, ko ruwan zafin da ta zuba a bayi ba bisimilla.

Ni malamar firamare ce, ba likita ba. Wata ƙawata da ta karanci ilimin masu buƙata ta musamman a Jami'ar Jos ita ta ara min wani tsohon littafi da ya sha hannu, The Autistic Spectrum, wanda wata likitar ƙwaƙwalwa 'yar Ingila mai suna Lorna Wing ta fitar a 1996. Wata uku nayi ina binsa da ƙamus a gefe, da daddare in fassara wa Adda abin da na gane. Daga nan na shiga neman tarihin matar da sauran masu binciken da suka gabace ta, kuma abin da na tsinta ne nake son in baje a nan don na san gidanmu ba shi kaɗai bane.

An haifi Lorna Wing a 1928, ta rasu a 2014. Ita da mijinta John Wing dukansu likitocin ƙwaƙwalwa ne, amma da suka haifi 'yarsu Susie a 1956 suka ga yarinya bata barci, bata son a ɗauke ta, tana ta tsala ihu, su biyun nan da duk karatunsu basu san me ke damunta ba, saboda a makarantar likitanci ba a koya musu komai a kai ba. Ta bada labarin ranar da zuciyarta ta fara tsinkewa, suna cikin jirgin ƙasa ga wata mata da yaro sa'an Susie, duk sanda yaron ya hango tumaki ko shanu ta taga sai ya nuna da yatsa ya juyo ya kalli uwarsa wai ko ta gani, ita kuwa Susie bata taɓa yin haka ba ko sau ɗaya. Da na karanta wa Adda wannan wurin shiru tayi can tace Malama ai nawa ma bai taɓa nuna min komai ba, hannuna yake ja ya ɗora a kan abin da yake so kamar hannun nawa cokali ne. Susie na shekara uku aka gano larurar. A 1962 Wing da wasu iyaye suka haɗu suka kafa ƙungiyar da ta zama babbar ƙungiyar otizim ta Birtaniya, a 1971 kuma ta fitar da littafin jagora musamman don iyaye, a zamanin da likitoci ke rubuta wa junansu kawai.

Sai ka san halin da ta tarar kafin ka gane nauyin wannan. Wanda ya fara fitar da larurar fili a Amurka shine Leo Kanner na asibitin Johns Hopkins, a 1943 ya rubuta bayanin yara 11 da suka ƙi shiga kowane suna da likitoci suka sani. Shekara ɗaya bayan haka Hans Asperger a Ostiriya ya rubuta nasa a kan wasu yara maza masu magana tiryan-tiryan amma basu iya zama da mutane ba, sai dai da Jamusanci ya rubuta kuma ana tsakiyar yaƙin duniya, don haka ya kwanta shekaru ba wanda ya kula. Kafin su biyun ma wata likita a Tarayyar Sobiyet, Grunya Sukhareva, ta riga ta bayyana irin yaran tun tsakiyar shekarun 1920. Toh matsalar ita ce bayan Kanner sai ra'ayi ya bazu cewa uwa ce ke jawowa, wai uwar da bata da ɗumin zuciya, har suna suka sa musu, uwa mai sanyin firiji. Wani Bruno Bettelheim a Chicago ya rubuta littafi a kai a 1967 ya samu karɓuwa sosai, aka riƙa raba yara da iyayensu mata da sunan magani. Kinga Turawan ma da asibitocinsu sun yi shekara ashirin suna abin da dangin miji ke yi wa mata a nan, su sukace sanyin zuciya mu mukace ta taka sawun iska, amma yatsan duk mace ɗaya yake nunawa.

Waɗanda suka rusa wannan ra'ayin yawancinsu iyaye ne da suka zama masu bincike. Bernard Rimland, masanin halayyar ɗan adam a Amurka wanda ɗansa ke da larurar, ya fitar da littafi a 1964 yace abin daga halittar ƙwaƙwalwa yake. A 1977 Susan Folstein da Michael Rutter suka bi tagwaye kashi 21 a Birtaniya, suka ga cewa a tagwayen da suka fito daga ƙwai ɗaya, idan Hassan na da ita akwai yiwuwar Husaini ma na da ita sosai, a tagwayen ƙwai biyu kuwa basu samu ko ɗaya da suka haɗu ba, alhali uwa ɗaya ce ta rene su nono ɗaya suka sha. Wani babban bincike na 2019 da ya duba mutum sama da miliyan 2 a ƙasashe biyar ya ƙiyasta cewa kusan kashi 80 cikin 100 na abin daga ƙwayoyin gado ne. Kuma gadon nan ta ɓangaren uwa yana zuwa ta ɓangaren uba yana zuwa, wani lokaci ma sabon canji ne ya faru a ƙwayar halittar yaron wanda babu shi a jikin ko ɗaya daga iyayen. Yawan shekarun uba yana ƙara yiwuwar, haihuwar bakwaini ma haka. Ina faɗin wannan ne saboda na san gidajen da aka saki mace ko aka yi mata kishiya da sunan wai mahaifarta ce bata da kyau, Allah ya sani wannan zalunci ne kuma ilimi bai goyi bayansa ba.

Babban aikin Wing kuwa shine wanda tayi da abokiyar aikinta Judith Gould a unguwar Camberwell ta kudancin Landan, suka wallafa a 1979. Basu zauna a ofis suna jiran a kawo musu yara ba, bin yaran yankin 'yan ƙasa da shekara 15 da ke da wata larura suka yi ɗaya bayan ɗaya, suna tambayar iyaye da malamai suna kallon yaran da idonsu. Masu irin siffar da Kanner ya faɗa daidai-wa-daida basu wuce kamar 5 cikin 10,000 ba, amma sai suka tarar da wasu da yawa, jimilla wajen 20 cikin 10,000, da ke da matsala a wurare uku iri ɗaya, wato cuɗanya da mutane, isar da saƙo da fahimtarsa ko da baki ko da ishara, sai kuma wasan kwaikwayo irin na yara, tare da nacewa a kan abu ɗaya da ƙin canji. Daga nan ta kawo maganar cewa otizim ba ɗaki ɗaya bane mai ƙofa ɗaya. Ni yadda na fassara wa Adda shine kamar dangi a gidan biki, kana ganin hancin ka san zuri'a ɗaya ce amma wannan dogo wannan gajere wannan mai surutu wannan miskili. Ita ce kuma a 1981 ta tono aikin Asperger ta gabatar da shi ga masu karanta Turanci, shi yasa har yanzu zaka ji ana ambaton larurar Asperger duk da cewa tun 2013 littafin likitocin ƙwaƙwalwa na Amurka ya haɗe su duka a suna ɗaya.

Akwai wani rabe-rabe da tayi wanda a matsayina na malamar aji ya fi komai buɗe min ido. Tace akwai yaron da ya ware kansa kwata-kwata, mutane a wurinsa kamar kujeru ne, irin na Adda kenan lokacin yana ƙarami. Akwai wanda ba zai nemi kowa ba amma in an jawo shi wasa zai bi, duk abin da aka ce yayi zai yi. Akwai kuma mai zuwa wurin mutane da kansa amma ta hanyar da bata dace ba, zai tare baƙo yayi ta masa zancen motoci ko lambobin waya awa guda bai lura mutumin ya gaji ba. Na biyun nan shi ya fi ban tausayi a wurinmu don mu yabonsa muke, muce yaro mai haƙuri ba ruwansa da kowa, in mace ce muce ga kunya ga natsuwa, yara kuwa su mai da shi ɗan aike su cinye masa kuɗin tara. Na uku shi ake ce wa dolo ko mai rawar kai, shi ya fi shan bulala a makarantar boko da ta allo.

Kuma akwai abin da littafin ba zai faɗa miki ba don ba a nan aka rubuta shi ba. A Ingila in yaro baya kallon idon babba sai hankalin uwa ya tashi, mu kuwa sunkuyar da kai tarbiyya ce. A gidajenmu na Fulani da Hausawa uwa tana kunyar ɗan fari, bata kiran sunansa bata masa wasa a gaban mutane, sau da yawa ma yana hannun kaka ko goggo, toh wa zai lura cewa baya amsa suna ko baya mayar da murmushi. In magana ta yi jinkiri sai ace gado ne babansa ma sai da ya shekara huɗu, ko a kira wanzami ya duba ƙarƙashin harshe. Kunya kam abu ce mai kyau ban ce a bari ba, amma uwa ko a ɗaki ita kaɗai ta gwada ɗanta: in ya shekara ɗaya ki kira sunansa ki gani ko zai juyo, in ya kai wata 18 ki lura ko yana nuna miki abu da yatsa don ki gani ba don yana so ba, in ki nuna masa akuya yana bin yatsanki da ido ko kuwa, in ya shekara biyu yana haɗa kalma biyu da kansa. Wadda tafi kowacce ita ce yaro ya fara magana sannan ta ɓace. Na Adda yana cewa Dada yana cewa ruwa, kafin ya cika shekara biyu duk suka tafi, kuma wannan ɓacewar ce ta sa kowa ya rantse cewa shafar aljanu ce ko kambun baka, alhali sananniyar alama ce da ake gani a wani kaso na yaran a ko'ina a duniya.

Wani abu kuma, da yawansu magana a yadda aka faɗe ta suke ɗauka. Mu kuwa bakinmu cike yake da zan yanka ka, dodo zai cinye ka, zan ɓalla ka biyu, sauran yara sun san wasa ne shi kuwa har ransa ya yarda wuƙa za a ɗauko. Wasu kuma maimaita abin da aka faɗa musu suke yi, kace kana son ruwa shima yace kana son ruwa, ba rashin kunya bane, yana nufin eh ina so. Ga kuma ji da gani da taɓawa da suke zuwa musu da ƙarfi fiye da namu, ƙarar injin niƙa ko janareta ko lasifikar biki tana iya zame masa kamar ana soka masa allura a kunne, shi yasa yake toshe kunne yana ihu yana buga kai. Na Adda shekara biyu taliya kawai yake ci ba miya, in ko ɗigon manja ya taɓa ta ya bar ta kenan.

Yanzu bari in zo kan kalmar galahanga da ɗan ruwa, don a ganina nan ne muke yin babbar asara. Mun ɗauki larurori huɗu ko biyar da dalilinsu daban maganinsu daban mun zuba a buhu ɗaya. Yaron da ke da larurar Down, mai ɗan faɗin fuska da idanu a ɗage da jiki saɓa-saɓa, shi ƙarin kuromozom (wato ƙunshin ƙwayoyin gado) ɗaya ne a lamba ta 21, yana da 47 maimakon 46, an gano haka a Faransa tun 1959, yawancinsu masu son mutane ne kuma da yawa ana haifarsu da matsalar zuciya da ya kamata a duba da wuri. Yaron da wuyansa bai tsaya ba, gaɓoɓinsa suka sandare ko suka saki yana dalalar da miyau, wanda aka fi ce wa ɗan ruwa, shi rauni ƙwaƙwalwarsa ta samu, sau da yawa daga doguwar naƙuda da ya fito bai yi kuka ba, ko shawarar jarirai da tayi tsanani aka tsaya ana shanya shi a rana ana bashi ruwan gulukos maimakon a kai shi a sa shi a fitilar asibiti, kuma wani cikinsu hankalinsa garau yake jikin ne ya ƙi. Kafur ɗin nan da muke zubawa a akwatin kayan jarirai yana fasa jinin wasu jariran ya jawo irin wannan shawarar. Sanƙarau da zazzaɓin cizon sauro da ya hau kai suna barin yaro da kurumta ko farfaɗiya ko raunin fahimta. Gubar dalma ma haka, kowa ya tuna Zamfara a 2010 inda yara sama da 400 suka rasu wasu da yawa suka rayu da lahani. Waɗannan da yawansu ana iya kauce musu da awo da haihuwa a asibiti da rigakafi da gidan sauro. Otizim ba haka yake ba, sau da yawa yaron kyakkyawa ne ƙaƙƙarfa yayi zama da rarrafe da tafiya a kan lokaci. Tabbas ana samun yaro da biyu a haɗe, kusan kashi ɗaya cikin uku na masu otizim suna da raunin fahimta, farfaɗiya ma ta fi yawa a cikinsu, amma in muka kira su duka da suna ɗaya toh mai buƙatar gashin ƙashi ba zai samu ba mai buƙatar a koya masa magana ma ba zai samu ba, dukansu hayaƙi za a yi ta musu.

Maganar rigakafi dole in taɓa ta don ana yawan turo min ita a WhatsApp. Asalinta wani likita ne a Landan, Andrew Wakefield, da ya wallafa bincike a kan yara 12 kacal a 1998 yace allurar ƙyanda ta haɗaka tana da alaƙa da otizim. Daga baya aka gano an murɗa bayanan, mujallar likitoci ta Lancet da ta wallafa shi ta janye rubutun a 2010, a shekarar kuma aka soke lasisinsa na likita. A Denmak an bi yara sama da 650,000 aka wallafa a 2019, ba a ga wani bambanci ba tsakanin wanda aka yi wa allurar da wanda ba a yi wa ba. Na san mu a Arewa tsoronmu yana da tushe, abin da ya faru da gwajin maganin Trovan a Kano a 1996 ba ƙarya bane, amma wannan daban wancan daban. Abin da ke ruɗa iyaye shine lokaci, allurar ƙyanda wata tara ne da wata 15, alamomin otizim kuma tsakanin shekara ɗaya da biyu suke fitowa fili ko an yi allura ko ba a yi ba. Ƙyanda kuwa tana kashewa tana makantarwa, mun gani da idonmu.

Masu cewa ciwon Turawa ne ko na 'ya'yan masu kuɗi su ma ga amsa. Tun 1978 wani mai bincike Victor Lotter ya zaga wasu ƙasashen Afirka har da Najeriya ya duba yara sama da 1,300 masu raunin fahimta, kuma ya samu masu otizim a cikinsu da siffofi irin na yaran Ingila. Dakta Muideen Bakare na asibitin ƙwaƙwalwa na tarayya da ke Inugu ya daɗe yana rubutu a kai, kuma abin da shi da abokin aikinsa Kerim Munir suka nuna a 2011 shine yaran Afirka a makare ake kai su asibiti, da yawa sun girma ba magana. A Amurka alƙaluman hukumarsu ta yaƙi da cututtuka sun tashi daga yaro 1 cikin 150 a shekarar 2000 zuwa 1 cikin 36 a 2020, kuma babban dalilin shine faɗaɗa ma'anar da aikin su Wing ya jawo da kuma yawan dubawa, yaran da a da ake kira da wani suna yanzu an san nasu. A shekarun baya Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta kusan yaro 1 cikin 100, maza sun ninka mata kusan sau huɗu a waɗanda ake ganowa. Ajin da nake koyarwa yara sun haura 80. In na tuna wasu da suka wuce ta hannuna shekarun baya, wanda baya iya zama a benci, wadda bata taɓa buɗe baki ba har ta gama aji uku, wallahi sai in ji zuciyata tayi nauyi.

Toh me ake yi. Gaskiyar da Wing bata ɓoye wa iyaye ba ita ce babu maganin da ke warkar da shi, yaro mai otizim zai zama babba mai otizim, don haka duk mai tallan garin magani ko kwalba a Facebook da TikTok yace wata uku yaro zai yi magana kuɗinku yake so. Adda ta sayar da ɗan kunnenta da tunkiya biyu a wannan hanyar. Addu'a kam ba wanda ya isa ya hana mu, muna yi kullum muna tofa masa, amma duka da ɗauri da turara barkono ga yaron da ƙarar fanka ma ke firgita shi wannan azaba ce, kuma addinin da ya ɗauke alƙalami daga kan yaro da wanda hankalinsa bai cika ba bai ce a yi haka ba. Abin da ke aiki koyarwa ce da haƙuri, kuma in an fara da wuri ta fi tasiri. A fara da gwajin ji a asibiti don a cire maganar kurumta, a nemi likitan yara ko na ƙwaƙwalwa, a nan muna da asibitin koyarwa na tarayya, Bauchi suna da na ATBU, Maiduguri akwai asibitin ƙwaƙwalwa na tarayya. In akwai farfaɗiya tana da magani. A gida kuma tsari ɗaya kullum, wanka lokaci ɗaya abinci lokaci ɗaya, in za a canza a gaya masa tun kafin. Gajeruwar magana, maimakon kai wane tashi ka je ka ɗauko takalminka mu tafi gidan Goggo sai ace takalmi, a nuna. Mu mun yanki hotuna mun liƙa a kwali, kofi da buta da taliya da ƙofa, aka koya masa ya miƙo hoton abin da yake so, ihun gidan ya ragu da fiye da rabi don dama yawancin ihun rashin hanyar faɗa ne. In ya birkice ba dalili a duba haƙori da kunne da ciki, yaron da baya magana ba zai ce miki nan ke min ciwo ba.

Sai a kula da ƙofa. Wani bincike a Amurka a 2012 ya nuna kusan rabin yaran suna sulalewa su fice daga gida, kuma ruwa yana jan da yawansu. Mu da ke da rijiya a tsakar gida da kududdufi a bayan gari da kwarurrukan nan na Gombe da ke cika da damina, wannan ba ƙaramar magana bace. Mun sa sakata a sama inda hannunsa baya kaiwa, mun gaya wa masu shago da 'yan acaɓan bakin layi cewa in sun ganshi shi kaɗai su riƙe shi.

Mutane suna son labarin masu baiwa, kuma akwai su. Temple Grandin bata yi magana ba sai da ta wuce shekara uku, yau farfesa ce ta ilimin dabbobi a Colorado kuma tsarin shingen shanu da ta zana ana amfani da shi a mayankun Amurka da yawa. A nan gida Kanyeyachukwu Tagbo-Okeke yana shekara 15 ya shiga kundin Guinness da zane mafi girma a kan ƙyalle, aka baje shi a Eagle Square Abuja ranar 2 ga Afrilun 2025, ranar da Majalisar Ɗinkin Duniya ta ware wa otizim. Amma Susie 'yar Wing har ta rasu a 2005 tana buƙatar mai kula da ita, kuma uwarta bata taɓa rubuta kamar darajarta ta ragu don haka ba. Ni wanda ya fi tsaya min a rai shine Donald Triplett, yaro na farko a cikin 11 ɗin Kanner, wanda ya rayu a ƙaramin garinsu Forest a jihar Mississippi, yayi aiki a bankin garin, yana tuƙa motarsa, mutanen garin sun san halinsa sun karɓe shi a haka har ya rasu a 2023 yana da shekara 89. Mu da muke da gidan yawa da maƙwabtaka da zumunci ai mun fi su kayan aikin yin haka, in dai an bar ɓoye yaro a ƙuryar ɗaki ranar suna don kar dangin miji su gani.

Makaranta ce har yanzu ta gagare mu. Dokar hana nuna wariya ga masu buƙata ta musamman da shugaba Buhari ya sa wa hannu a Janairun 2019 ta basu haƙƙin karatu ba tare da wariya ba, an kafa hukumarsu ta ƙasa a 2020, amma wata makarantar kuɗi sati biyu yayi suka kira Adda sukace iyaye na ƙorafi a zo a ɗauke shi, kuɗin zangon ma basu dawo da shi ba. Yanzu ni nake zama da shi awa ɗaya bayan la'asar, wani malamin Islamiyya mai haƙuri kuma ya yarda ya riƙa zuwa gida, kuma abin mamaki yaron da baya haɗa jimla yana biya Fatiha da ƙulhuwallahu da irin muryar malamin sak.

Adda ta sayi littafin rubutu mai shafi 40 tana rubuta abin da yayi kullum da Hausa, me ya ci, me ya tayar masa da hankali, me ya faru kafin nan, don haka Wing ta riƙa yi da yaran Camberwell, kallo da tambaya da rubutawa. Yanzu tana kan na huɗu, kuma shi take kai wa likita duk ranar ganin likita. Jiya na duba shafin ƙarshe, ta rubuta cewa an ɗauke wuta maƙwabci ya tada janareta, ya toshe kunne amma bai buga kai ba, ya je ya ciro hoton ƙofa ya miƙo mata, ta ɗauki mayafi suka fita bayan layi suka zauna har aka kashe.